Zalika Souley: abin da ƴar wasa ke samu da abin da take rasawa a sana'ar fim

A wani dare na bazara, a tsakar gidanmu da ke unguwar Birni a Damagaram, na zauna kusa da gwaggona tana kallon wani fim mai dogon zango a wayar jikarta. An jingine wayar da kwanon sha a kan tabarma, sauti kuma an ƙure shi saboda kunnen tsohuwa. Da aka zo wurin da uwargida ta faki ido ta barbaɗa magani a miyar amarya, sai gwaggo ta tafa hannu, ta yi salati, ta ce, "Wannan mata ko a hanya na gamu da ita ba zan amsa sallamarta ba." Jikar ta yi dariya ta ce, "Haba Iya, ai wasa ne." Gwaggo ta harare ta, ta ce, "Ke kishiya, rufe mini baki, na san wasa ne. Amma in ba halinta ba ne, yaya aka yi ta iya shi haka?" Wannan tambaya ta gwaggo ita ce ta bi wata mata ƴar ƙasar nan tamu ta Nijar tun tana budurwa har ta koma ga Mahaliccinta, kuma duk wanda yake son ya fahimci rayuwar ƴar wasan fim a ƙasashenmu, daga nan ya kamata ya fara.

Matar ita ce Zalika Souley, wadda aka haifa a Yamai a 1947, ta rasu ranar 27 ga Yuli, 2021, tana da shekara 73. Masu rubuta tarihin fim na Afirka suna sa sunanta a sahun farko na matan da suka riƙi fitowa a fim a matsayin sana'a a kudu da Sahara. Amma da za a tsaya a bakin kasuwar Dole a tare matasa a tambaye su ko wace ce ita, da wuya a samu wanda zai amsa, alhali kuwa su ɗin nan za su lissafo maka ƴan matan fim na Kano ɗaya bayan ɗaya, da sunayen mazan da suka aura da ranar da auren ya mutu. Akwai dalilai na fili: yawancin finafinanta da Zabarmanci da Faransanci aka yi su, Yamai kuma tana da nisan kusan kilomita 900 daga Damagaram, Kano kuwa ba ta wuce kilomita 240 ba. Sai dai nisa da harshe ba su isa su bayyana yadda aka yi mace ta yi irin wannan suna a Wagadugu da Faransa, sannan ta tsufa cikin rashi a garin da aka haife ta ba.

Ta shiga fim a 1966, ba ta cika shekara ashirin ba, a hannun Moustapha Alassane, a cikin fim ɗinsa mai suna Le Retour d'un aventurier. Labarin wani saurayi ne da ya dawo daga Amurka da akwati cike da kayan kaboyi, huluna da takalma da bindigogi, ya rarraba wa abokansa, kowa ya ɗauki sunan Bature, suka hau dawaki suka addabi ƙauyensu da faɗa da caca da ɗauke-ɗauke. Alassane yana yi wa matasan zamaninsa ba'a ne, waɗanda finafinan kaboyi na gidajen silima suka juya wa kai. Mace ɗaya ce a cikin gungun, ita ce Zalika, da sunan Sarauniya Kirista, wato Reine Christine, sanye da wando da malafar kaboyi. A tuna cewa shekara shida ke nan da samun mulkin kai, lokacin da ko sa ƴa mace a lakwal sai an kai ruwa rana da iyaye. Mai kallo a Turai ya ga raha da hikimar darakta. Maƙwabta a unguwa kuwa abin da suka gani shi ne ƴar wane ta sa wando ta shiga cikin maza, kuma an ɗauke ta hoto kowa ya gani.

Daga nan ta zama wadda darakta Oumarou Ganda kusan ba ya yin fim sai da ita. Shi Ganda tsohon soja ne da ya yi yaƙin Indocin a rundunar Faransa, ya haɗu da Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fim, a Abijan, ya fito a fim ɗinsa, sannan ya dawo gida ya ɗauki kyamara da kansa. Fim ɗinsa Cabascabo, labarin sojan da ya dawo ya cinye kuɗin sallamarsa da abokan shaye-shaye da mata, an nuna shi a bikin finafinai na Kan a Faransa a 1969, Zalika tana ciki. Sai Le Wazzou polygame, wanda ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka na Wagadugu, a 1972, karo na farko da aka ba da wannan kyauta ta Dokin Yennenga. A cikinsa wani Alhaji ne ya ƙwace budurwar wani saurayi da ƙarfin dukiya don ta zama matarsa ta uku, Zalika kuma ta fito a matar da kishi ya rufe wa ido, ta tashi kashe amarya, tsautsayi ya faɗa kan ƙawar amaryar. Bayan wannan ta fito a Saïtane, inda Ganda ya tona asirin malamin tsibbu mai haɗa matar aure da attajiri, ta fito a FVVA na Alassane a 1972, da L'Exilé a 1980, da Aube noire na Djingarey Maïga a 1983.

Idan aka jera waɗannan finafinai za a ga abu guda yana maimaituwa: kusan kullum ita ce ake ba matsayin macen da jama'a ke ƙi, muguwar kishiya, ko mai cin amanar aure, ko mai zaman kanta. Ba a rasa dalilin haka ba. Daraktocin wancan zamani masu sukar al'umma ne, suna son su nuna auren dole da cin amanar malaman tsibbu da lalacewar birni, kuma ba a nuna ɓarna sai da wanda zai fito a mai ɓarnar. Matan da za su yarda su tsaya gaban kyamara ƙalilan ne, waɗanda za su yarda su fito a mummunan hali kuwa sun fi ƙaranci. Wadda ta yarda sau ɗaya, kuma ta iya, ita za a yi ta komawa wurinta. Ta haka gwanintarta ta zame mata tarko: gwargwadon yadda ta gamsar da mai kallo, gwargwadon yadda ya tabbata a ransa cewa halinta ne. Darakta ya karɓi kyauta a kan ya faɗi gaskiya game da al'umma, ita kuma ta koma unguwa ta karɓi zagi da nuni da baki a kan ita ce fuskar wannan gaskiyar.

Akan ce wai jahilci ne ya kawo haka, mutane ba su san bambancin wasa da gaske ba. Ni ban yarda da wannan bayani ba, kuma Damagaram ita ce hujjata. Garin da ke da wasan kara ba za a koya masa mene ne kwaikwayo ba. A wasan kara talaka yakan yi shigar shugaban ƙasa ko gwamna ko wani babban hafsa, ya kwaikwayi tafiyarsa da maganarsa, a yi masa jiniya da rakiya, jama'a su yi ta shewa, gobe kuma a gan shi a bakin sana'arsa ba wanda zai nemi ya sa masa hannu a takarda. Yara suna tashe a watan azumi, yaro ya sa gemun auduga ya zama tsoho, ba wanda ya taɓa ruɗewa. Gwaggona da kanta ta ce ta san wasa ne. Saboda haka matsalar tana wani wuri dabam.

Inda take shi ne, namiji idan ya fito a ɓarawo, satar ƙarya ce, ba abin da ya ɓace wa kowa, kuma da an kashe kyamara laifin ya gushe. Mace kuwa abin da ake tuhumarta da shi ba na ƙarya ba ne a idon mai tuhumar: fitar da ta yi daga gida gaskiya ce, zaman da ta yi cikin maza a wurin ɗaukar fim gaskiya ne, kallon da dubban maza suka yi wa fuskarta gaskiya ne, in kuma wani ya riƙe mata hannu a cikin labarin, to hannun nata ne na gaske aka riƙe. A al'ummar da take auna mutuncin mace da kunya da suturta kai, bayyana kanta ita ce abin zargin, mugun halin da ta fito da shi kuwa ƙarin shaida ne kawai ga wanda ya riga ya yanke hukunci. Wannan ne ya sa ko wadda take fitowa a mace ta gari, mai haƙuri da biyayya, ba ta tsira daga kalmar "ƴar fim" idan maganar aurenta ta taso, dangin miji suka zauna shawara. Wanda bai gane wannan ba zai yi ta wayar da kan mutane a kan abin da suka riga suka sani.

Yana da amfani a kwatanta da abin da ya faru a nan gida ta fuskar teyatur. Bayan Seyni Kountché ya karɓi mulki a 1974, an farfaɗo da ƙungiyoyin matasa na samariya, aka kuma fara bikin matasa na ƙasa a 1976, a nan Damagaram, wasan kwaikwayo da harsunan gida ya samu fili. Ƙungiyar wasan gidan rediyon Damagaram, wadda sunan Yazi Dogo ya yi fice a cikinta, ta shiga kowane gida ta Muryar Sahel, daga baya kuma ta tele, masu shekaru kuma har yau suna ambaton Hajiya Delu idan ana hirar matan da suka iya wasa. Su ma matan teyatur sun sha magana, ba a ce ba su sha ba, amma suna da garkuwar da Zalika ba ta samu ba. Rediyo murya yake kaiwa, ba ya kai fuska da jiki. Wasan da Hausa ake yin sa, cikin raha da karin magana, ya ƙare da gyaran hali, saboda haka mai sauraro yana jin nasa ne. Ƙungiyar kuma tana ƙarƙashin inuwar hukuma, ƴan wasan suna zaune cikin mutanen da suka san asalinsu, ana haɗuwa da su a suna da biki da zaman makoki. Ita kuwa Zalika tana aiki ne a wata sana'a da ake ganin ta Nasara ce, a gidan silima da mutanen kirki ba sa son a ga ƴaƴansu mata a ƙofarsa.

Kashi na biyu na lamarin, wanda aka fi yin shiru a kansa, shi ne kuɗi. Mutane suna ganin wanda ya yi suna su ɗauka ya yi arziki, alhali yadda ake yin fim a wancan zamani bai bar wa ɗan wasa wata ƙofar arziki ba. Ana ɗaukar fim ne a kan zare mai faɗin milimita 16, wanda ba a iya wanke shi a Nijar, sai an aika Faransa, a can ake wankewa, a can ake yanka da haɗawa da sa sauti. Kuɗin aikin yakan fito daga aljihun darakta da ɗan tallafin hukuma da kuma ma'aikatar haɗin gwiwa ta Faransa, wadda takan sayi izinin nuna fim ɗin a cibiyoyin al'adu da makarantu, inda ba a sayar da tikiti. Abin da ya rage bayan an biya zare da wanki da sufuri shi ake rabawa ƴan wasa, sau ɗaya, a wuce wurin. Darakta ma ba arziki yake yi ba, amma shi aƙalla fim ɗin nasa ne: sunansa ne a kai, shi ake gayyata, shi ake ba kyauta, in an sake sayen izinin nunawa bayan shekara ashirin, shi ko magadansa za a nema. Ƴar wasa ta sayar da aikinta kamar yadda mai ɗaukar kaya yake sayar da ƙarfinsa, sai dai shi mai ɗaukar kaya ba a bin sa da zagi har gida saboda kayan da ya ɗauka.

Ga kuma matsalar kasuwa. Gidajen silima na ƙasashen da Faransa ta mulka sun daɗe a hannun kamfanoni biyu na Faransawa, COMACICO da SECMA, waɗanda suke kawo finafinan kaboyi da na Indiya da na faɗa a kan araha, ba su da wata bukata ta ba fim ɗin gida wuri. Sai ya zama fim ɗin da ya ci kyauta a Wagadugu ya fi sauƙin gani a Paris a kan Damagaram ko Maraɗi ko Tawa. Ƴar wasan da jama'arta ba sa biyan kuɗi su kalle ta a kai a kai ba ta da abin da za ta yi ciniki da shi, ba za ta iya cewa sai an ƙara mata ba domin sunanta ne ke cika silima. Kuma fim ɗaya ko biyu a shekara, wani lokaci shekaru su wuce ba ko ɗaya, ba sana'ar da za ta ciyar da gida ba ce.

Ko wannan ɗan abin ma bai ɗore ba. Oumarou Ganda ya rasu ranar 1 ga Janairu, 1981, yana da ƙarfinsa, rasuwarsa kuma ta ɗauke mutumin da ya fi kowa rubuta labari da Zalika a zuciyarsa. A cikin shekarun nan ne farashin yuraniyom ya faɗi, kuɗin da gwamnati ta saba samu a shekarun 1970 ya ja baya, aka shiga tsuke bakin aljihu, al'adu kuwa su ake fara yankewa a irin wannan hali. Bidiyo ya shigo gidaje, gidajen silima suka yi ta rufewa ɗaya bayan ɗaya, sannan a Janairun 1994 aka karya darajar kuɗin Sefa da rabi, duk abin da ake sayowa daga waje ya ninka. Ƙasar da ta kasance cikin na gaba a fim ɗin Afirka ta koma sai a yi shekaru ba a fitar da babban fim ko ɗaya ba. Darakta yana iya komawa aikin tele ko koyarwa. Macen da ta ba fim ƙuruciyarta, ta kai shekara arba'in da wani abu, ba ta da wurin komawa.

Da ba don Rahmatou Keïta ba, da wannan ɓangare na rayuwarta ya wuce ba a rubuce ba. Ita ce ta yi fim na gaskiya a kanta mai suna Al'lèèssi, kalmar da ke nufin ƙaddara, wanda aka nuna a bikin Kan a 2005. A ciki an ga matar da ta taka jan kafet a ƙasashe tana zaune da ƴaƴanta a ɗaki biyu a Yamai, gidan ko famfo babu, tana ba da labarin zamanin da ta yi tashe da yadda mutane suka ɗauke ta, an kuma ji daga bakin tsofaffin daraktocin da suka yi aiki da ita. Ƙarshen abin da fim ɗin ya sanar shi ne ta bar ƙasa a shekarar 2000 ta tafi waje tana aikatau a gidajen mutane. Aikatau ba abin kunya ba ne, neman halal ne, amma ya nuna a fili abin da shekara talatin na suna suka tara mata. A Yamai akwai cibiyar al'adu mai sunan Oumarou Ganda, a FESPACO kuma akwai kyauta mai sunansa da ake ba darakta a kan fim ɗinsa na farko, kuma ya cancanci duka biyun. Ita an ba ta lambobin yabo, lambar yabo kuwa ba ta biyan kuɗin haya.

Mai karatu zai iya cewa wannan tsohon labari ne, yanzu ga masana'antar Kano ta samar da kasuwar da Zalika ta rasa. Gaskiya ne an samu canji babba. Tun daga Turmin Danya a 1990, fim ɗin Hausa ya tsaya da ƙafarsa a kan kuɗin masu kallo, ba tallafin wata ƙasa ba, kuma Damagaram tana cikin manyan masu sayensa tun zamanin kaset, zuwa faifai, zuwa masu tura finafinai a waya, har zuwa yau da ake jiran sabon kashi na Labarina ko Daɗin Kowa kamar ana jiran baƙo. Ƴan Nijar da dama sun tsallaka sun shiga harkar, da masu waƙa da masu fitowa. Yarinyar da ta yi farin jini tana iya samun mota da gida da tallan kamfanoni. Sai dai ƙullin nan biyu, na mutunci da na mallaka, suna nan ba su kwance ba, sun dai sauya kama.

Ta fuskar mutunci, al'adar da aka saba ita ce ƴar fim ta daina fitowa ranar da aka ɗaura mata aure. Wannan yana nufin sana'ar tata gajera ce tun daga tushe, shekarun da ke tsakanin tashenta da aurenta, kuma in auren ya mutu ta dawo, sai ta tarar an samu sababbin fuskoki, a ce da ita ta fito a uwa ko a gwaggo, a kan kuɗin da bai kai na da ba, ga kuma gorin cewa ƴan fim ba sa zaman aure. Namiji ba ya fuskantar wannan zaɓi: yana aure yana fim, ya girma a ciki ya zama furodusa, har Ali Nuhu ya kai ga shugabancin hukumar finafinai ta Najeriya a 2024. Hukunci ma ya fi saurin sauka a kan mace. A 2016 ƙungiyar masu shirya finafinai ta MOPPAN ta kori Rahama Sadau daga masana'antar saboda ta rungumi wani mawaƙi a bidiyon waƙa, wato dai hannun nan na gaske da aka riƙe a cikin labarin ƙarya. Marigayiya Saratu Giɗaɗo, wadda aka fi sani da Daso, da ta rasu a 2024, ita ce ta gaji irin kujerar Zalika a fim ɗin Hausa, ta masifaffiyar uwar miji da muguwar kishiya, kuma sai da ta rasu mutane da yawa suka ji daga bakin abokan aikinta irin barkwancinta da son jama'arta.

Ta fuskar kuɗi kuwa, abin da ya faru a 2022 ya isa misali. Dattijuwa Ladin Cima ta faɗa a wata hira da sashen Hausa na BBC cewa akan biya ta naira dubu biyu zuwa dubu biyar a fim, kuma ba ta mallaki muhalli ba bayan shekaru masu yawa tana wasa. Wasu masu shirya fim suka musanta, suka ce sun biya ta fiye da haka, wasu kuma suka goyi bayanta, aka yi ta cacar baki a Facebook. Abin da ya fi jan hankalina a rigimar shi ne kowane ɓangare da baki yake magana, domin yawancin aikin a kan amana da sanayya ake yin sa, ba takarda. Kuma ko da an ɗauka cewa masu musun ne suke da gaskiya, tsarin bai canza ba: biya ɗaya ne, fim kuma ya ci gaba da kawo kuɗi ga mai shi. A YouTube kuɗin talla yana shiga asusun mai tashar ne duk lokacin da aka kalla, ko bayan shekara biyar, wadda fuskarta ta jawo kallon kuwa ta riga ta karɓi nata tun ranar ɗauka. Akwai yarjejeniyar duniya da aka ƙulla a Beijin a 2012, ta fara aiki a 2020, wadda ta amince cewa ɗan wasan fim yana da haƙƙi a kan aikinsa bayan an ɗauka, a Nijar kuma akwai ofishin kare haƙƙin mawallafa, amma tsakanin doka da wurin ɗaukar fim akwai tafiya, kuma yarinyar da ke roƙon a sa ta a fim ba ita ce za ta ce sai an rubuta mata takarda ba, tana ganin goma a bayanta suna jira.

Waɗanda suka gane wannan da wuri su ne suka nemi mallaka. Rahama Sadau ta kafa kamfaninta ta shirya Rariya da kanta, Hadiza Gabon ta buɗe shirin hira a tasharta, wasu kuma sun juya farin jininsu zuwa kasuwancin atamfa da turare da kayan kwalliya tun kafin tauraronsu ya dusashe. Dabara ce mai kyau, amma ta ƴan ƙalilan ce da suka kai ƙololuwa, ba ta isa ga mai fitowa a ƙawar amarya ko maƙwabciya ba, waɗanda su ne mafi yawa. A Nijar kuwa abin lura shi ne matan da suka ɗaga sunan ƙasa a fim bayan Zalika, bayan kyamara suka tsaya. Rahmatou Keïta ta yi Zin'naariyâ a 2016, labarin wata ƴar gidan sarauta ta Damagaram da ta dawo daga karatu a Faransa, shi ne kuma fim na farko da Nijar ta aika gasar Oska. Aïcha Macky, haifaffiyar garin nan, ta yi fim a kan matan da ba su samu haihuwa ba a 2016, sannan a 2021 ta shiga unguwar Kara-Kara da kyamara ta fito da fim mai sunan garin, wato Zinder. Dukansu biyu fim ɗin nasu ne, sunansu ne a kai, kuma ba wanda zai tare su a kasuwa ya tambaye su yadda aka yi suka iya mugunta.

Bayan kwana biyu da waccan hira na samo fim ɗin 1966 a intanet, na kai wa gwaggo da la'asar tana tsinke zogale. Hoton ya tsufa, sautin yana shaƙewa, amma ta ajiye tiren ta karɓi wayar ta matso da ita kusa da ido. Da ta ga yarinyar nan da malafa a cikin mahaya, sai ta ce, "Wannan ƴar wane gida ce?" Na ce mata ƴar Yamai ce, kusan sa'arta ce ma, kuma Allah ya yi mata rasuwa a 2021. Ta yi shiru, ta ce, "Allah ya jiƙanta, ya sa ta huta." Sannan ta tambaye ni ko ta yi aure, ko ta bar baya, na ce ta bar ƴaƴa. Ta gyaɗa kai, ta miƙo mini wayar ta ce, "Ɗan nan, maido mini wurin dawakin in sake gani."